Tudun Ammu Jo

Har yau ban manta da Larabar da na baje tudun da ke tsakiyar fili ba. Lokacin watana biyu ina gyaran fili a wani kulob a unguwar Ma'adi, can ƙasar Larabawa, inda baƙi ke wasan besbol, wanda ake jefa ƙwallo a doke ta da sanda. Ni filin ƙwallon ƙafa na sani, shi kuwa a shimfiɗe ake son sa. Da na ga tudu a tsakiya, sai na sa shebur na daidaita shi tas.

Rayyis Magdi, shugabanmu, ya dafe kai. "Ya Sale, me ka yi? A kansa mai jifa ke tsayawa!"

Abin da ya ƙara tsananta laifin, ranar Juma'a Ammu Jo, wato Baffa Jo, zai yi jifansa na ƙarshe. Tsoho ne mai horar da 'yan wasan, za a yi masa aiki a kafaɗa, kuma likita ya ce daga nan ya gama jifa.

Da ya iso, ya daɗe yana kallon wurin. Sai ya ce da guntun Larabcinsa, "Ma'alish, ba komai. Yalla, maza kawo yumɓu."

Kwana biyu muna ginawa. A zuba yumɓu, a yayyafa ruwa, a daddaɓe, a bari ya sha iska, a sake. Shi da tafin ƙafarsa yake awo. Muna jiran yumɓun ya sha iska, sai ya ba ni labarinsa. A ƙasarsu ya yi shekaru yana wasa ana biyansa, amma ba shi ke fara jifa ba. Yana zaune a wani shinge a gefe, sai na farko ya gaji ko wasa ya rikice a kira shi. Wata rana jifa goma ne aikinsa duka. Wata rana ya ɗumama hannu har a tashi ba a neme shi ba.

Na ce, "Ammu, ashe zaman benci aka biya ka?"

Ya yi dariya. "Zaman ne mai wuya, Sale. Jifa kowa na so."

Ranar Juma'a bayan la'asar ya hau tudun. Ya lumshe ido, ya karkata kai kamar mai jin ana kiran sunansa daga wani gari mai nisa. Ni ƙafarsa nake kallo, don in yumɓun ya zame, shi ke nan. Ya taka, ƙasa ta riƙe. Ƙwallon ta tafi a hankali, har na ga zarenta ja yana juyawa cikin hasken yamma, ta faɗa hannun mai cafewa. Ya sauko yana riƙe da kafaɗa, yana murmushi.

Abin da nake gaya wa sababbi ke nan: duk abin da kuka tarar a fili, ku tambaya kafin ku gyara. Wataƙila wani a kansa ya tsaya duk rayuwarsa.