Ƙasar da Dusa ke Zubowa

Ranar Talata ce, cikin bazarar 1985, fari ya kai inda ya kai. Da sassafe Tani ta bi mahaifiyarta Larai rijiyar bakin kasuwar garin Isa, suka dawo da rabin tulu, ruwan ja. Da hantsi aka dama kunun dusa, don abin da ya rage wa yawancin gidaje ke nan. Ta sha, ta lashe ludayi, ta ɗauki littafinta.

Shekarunta goma sha ɗaya, ɗiyar Malam Attahiru mai koyar da lissafi. Ba ta da yawan magana a aji, amma ba ta ganin bango ta bar shi ba zane. Littafin kuwa wata Baturiyar Kanada da suka koyar tare ce ta bar wa mahaifinta da za ta koma gida, tatsuniyoyin Inuwit ne, mutanen ƙarshen arewacin duniya. Tani ba ta jin Turancin, hotunan take karantawa. Mutane cikin rigunan fata, fuska kaɗai a waje. Fararen ɗakuna masu kai irin na rumbu. Ƙasa fara fat.

"Baba, wanga hwarin abu mi na?" ta tambaye shi ranar da ta fara buɗe shi.

"Dusar ƙanƙara. Daga sama take zubo musu."

"Dusa? Daga sama?"

Ya yi mata bayani dalla-dalla, cewa ruwa ne sanyi ya daskarar, suna ne kawai ya zo haka.

"To ga ruwa, ga dusa, ga su kwance cikin rumbu. Waɗanga sun gama da duniya. Za ni can."

"Da wace mota?" in ji Larai. "Ta Jibrilla, da ba ta kai Shinkafi sai an tura?"

Tun daga nan ta mallake rumbun gidan, wanda ba ko ƙwaya a cikinsa. Takan hau tsani ta shige ta bakinsa, da gawayi da farar ƙasa. Yaran unguwa su zauna a gindi, muryarta na fitowa daga ciki tana ba su labarin mutanen dusa. Attahiru ya hana ta saboda kunama da zafi. Ta ce to, ta ci gaba.

Ran Talatar, da azahar Attahiru ya dawo daga makaranta, rana na dukan ƙasa har takalmi na laushi. Ya ji muryarta a rumbu, amma ba yaro ko ɗaya a gindi. Sai ta yi magana, ta yi shiru kamar mai sauraren amsa, sannan ta yi dariya. Ya hau tsani ya leƙa. Tana zaune ta lulluɓa da bargon uwarta, haƙoranta na kaɗawa.

"Fito, Tani."

"Baba, rufe bakin, kana shigo muna da zahi. Sun ce in jira, ta kusa zubowa."

Ya shiga ya ɗauko ta. Jikinta wuta, wuyanta ya ƙi lanƙwasa. Da ya dafa bango zai fito, ya ji shi da sanyi kamar gindin randa. Kafin la'asar suna asibiti, ma'aikacin ya duba ya ce sanƙarau ne. Ta rasu ranar Alhamis, ba ta ƙara cewa komai ba.

Bayan addu'ar uku Attahiru ya koma cikin rumbun da rana tsaka. Ashe Tani ta zane bangon kaf. Mutane ne tsaye a zagaye cikin rigunan fata, duka suna kallon tsakiya, inda yake tsaye. Tsakanin biyu daga cikinsu akwai gurbi da ta bari ba zane, daidai tsayinta. A ƙasan gurbin wani farin gari ya taru. Ya dangwala ya sa a harshe. Ba ɗanɗano, sai ya zama ruwa. Larai ta ce farar ƙasa ce ta zubo, bai yi mata musu ba.

Zannuwanta biyu aka ba Hajo, ɗiyar ƙanensa. Takalmin roba ya tafi maƙwabta, allonta aka mayar makarantar allo. Hajo ta roƙi littafin, ya hana ta. Ya ajiye shi cikin rumbun, ya kira Wada magini ya yaɓe bakin da laka. Da gero ya zo a kakar, sabon rumbu aka gina masa, can wancan gefen gida.