Zaren Maƙabarta

Wata tsohuwa na tsaye gaban rumfar Hinda mai zare a kasuwar garin Pinsk. Baƙuwa ce, takalmanta duk taɓo, yatsunta sun yi kanta. Hinda ta san irinsu. Su ne ke zagaye maƙabartar Yahudawa da zare, su yi lagwanin kyandir da shi, suna kiran majinyaci da sunan uwarsa don matattu su roƙa masa sauƙi. Ko majinyata nawa tsohuwar nan ta binne duk da haka?

"Dunƙulen zare biyu, 'yata," in ji tsohuwar.

"Iya, ai ɗaya ya ishi mutum ɗaya. Wa kuma ya kwanta?"

Tsohuwar tana kallon hankicin da Hinda ta yi tari a ciki ta ɓoye.

"Yaya sunan mahaifiyarki?"