Zaren Kaset a Gonar Shinkafa

Waƙa huɗu ce kacal a kaset ɗin, kuma har yau ban san abin da ko ɗaya take cewa ba. Ƙanena ne ya shigo da shi gida, zamanin da ake aikin dam a Goronyo. Ni ina koyarwa a firamare, shi kuwa ya samu aiki wurin injin fasa dutse, wanda idan iska ta juyo har cikin gari ake jin ƙararsa. Wani Bature makaniki ne ya ba shi kyauta. Wai ƙanen Baturen ne da abokansa suka kafa ƙungiyar kiɗa a can ƙasarsu, wannan ne fitowarsu ta farko, shi ya sa bai cika ba. Irin kiɗan kuma wai suna ce masa ƙarfe mai nauyi. Da na ji shi, na ce wallahi ba su yi ƙarya ba.

Ranar da ya fara sa shi a rikoda, kajin gidanmu sai da suka watse. Jita tana kururuwa, ganga kamar ana sheƙa ruwan ƙanƙara a kan kwano, ga wani ƙato yana ihu kamar an taka masa ƙafa. Babanmu ya saurara na ɗan lokaci, sannan ya dube ni, tunda ni ne mai Turancin gidan.

"Wa anka yi ma wagga waƙa?"

Na kasa kunne har kaina ya yi ciwo, ban tsinci kalma ɗaya ba. Na ce, "Baba, da alama ba a yi ma kowa ba."

"Waƙa ba ubangida? To wanga ba kiɗi na ba, hwaɗa na."

Muka yi dariya, har da ƙanen nawa. Lokacin yana jin dariya.

A hankali abin ya zo. Sai a kira shi sau biyu, sau uku. Ya fara kallon bakin mai magana maimakon idonsa. Kafin a gama aikin dam, ladan zai kira salla a masallacin ƙofar gidanmu, shi yana zaune ko a jikinsa, sai ya ga mutane sun miƙe. Da aiki ya ƙare aka sallami ma'aikata, Turawa suka kwashe injinansu suka tafi. Abin da yake ƙona mini rai har gobe shi ne, Baturen nan da abin toshe kunne yake aiki. Ya san illar injin sarai. Ya iya ba da kaset, bai iya ba da ko auduga ba.

Kaset ɗin ne kaɗai ya rage wa ƙanena. Yakan ƙure murya, ya rungume rikodar a ƙirji, ya runtse ido. Waƙa huɗu, su ƙare, ya sa biro ya mayar da zaren baya don kada batir ya mutu. Na taɓa yi masa alama da hannu cewa me yake ji a ciki. Ya bugi ƙirjinsa, ya amsa da ƙarfi irin na wanda ba ya jin kansa: "Yaya, nan nika jin shi!"

Babanmu kuwa ya riga ya yanke hukunci. "Tun da wanga abu yas shigo gidanga kunnen yaro yam mutu." Na ce injin ne. Ya ce injin ai mutane da yawa sun yi aikinsa, kaset kuwa ɗansa kaɗai ke da shi. Muka yi ta ja har na ɗaga murya, ya ce in tafi da bokona. An bar jaki ana dukan taiki, amma tsohon ba mugunta yake nufi ba. Ɗansa yake so ya warke.

Ranin nan muka yi shinkafa da ruwan dam, ta yi kyau, tsuntsayen jan-baki suka sauko mata. A wajenmu idan kaset ya lalace ba a yar da shi, zarensa ake warwarewa a ɗaura a kan sanduna a ratsa gona, ƙyallinsa da kukansa su kori tsuntsu. Ran da aka kai ƙanena Wurno wurin wani mai maganin kunne, Baba ya ɗauki kaset ɗin ya nufi gona. Sai da na taso daga makaranta na ji labari.

Da ƙanena ya dawo ya buɗe rikoda ya ga wayam, bai tambayi kowa ba. Ɗan noma ne, ya san inda zaren kaset yake zuwa. Na bi shi gonar. Ga zaren nan an ja shi daga kunya zuwa kunya, yana walƙiya, iska na kaɗa shi yana wani siririn kuka. Babu tsuntsu ko ɗaya. Baba yana tsaye can gefe, ya kasa dubanmu.

Ƙanena ya sa yatsa ya taɓa zaren, ya daɗe a haka. Sannan ya juyo gare ni.

"Yaya, shina ƙara?"

Na gyaɗa kai. Ya duƙa ya kara kunnensa a jikin zaren, ya jira. Can ya miƙe, ya karkaɗe gwiwarsa, ya kama hanyar gida.