Gawar da ke Kwana Gidana

Mijina Eckhard Rathjen ya tsufa a gaban kyamara, amma ba wanda ya san sunansa. A kasuwar kifi ta Hamburg, nan Jamus, sai dai a tsaya ana kallonsa, a ce, "Malam, ba kai ne ka kashe matar nan a fim ɗin ranar Lahadi ba?" Ya yi mahauci, ya yi mugun mai gidan haya, ya yi ɗan sanda maci amana. Hancin nan nasa kamar dankalin Turawa shi ya ciyar da mu.

Da ƙarfi ya ragu, sai aka koma sa shi ya fito a matsayin gawa a fina-finan 'yan sanda. Kuma ya iya, Allah ya sani. Yakan riƙe numfashi, ido buɗe, ko ƙuda ya sauka ba ya ƙiftawa. Ƙa'idarsa ɗaya ce, irin ta tsofaffin 'yan wasa: gawa ba ta motsi sai darakta ya ce "Na gode."

Bara likita ya ce zuciyarsa ta yi rauni, ya guji sanyi. Tun ranar tsoro bai bar ni ba. Shi kuwa ya karɓi aiki a bakin kogin Elbe cikin hunturu.

"Kai dai taurin kai zai kashe ka," na ce.

"To ai an saba, Waltraud. Ɗauko bargo."

Na bi shi da bargo da kofi. Suka kwantar da shi cikin taɓo, ruwa na taɓa takalmansa, leɓunansa an shafa musu shuɗi. Aka ɗauka. Darakta, wata yarinya sa'ar 'yarmu, ta ce, "Na gode!"

Kowa ya watse, Eckhard bai tashi ba.

"Herr Rathjen, an gama mutuwa, zo ka sha miya!" in ji mai kyamara, ana dariya.

Ko gezau. Ban san lokacin da na yar da kofin ba. Na faɗa cikin taɓon, na kama fuskarsa, sanyi ƙalau. Na yi ta kiran sunansa.

Sai idonsa ya juyo. "Ta ce na gode?"

Ashe kunnen ya tafi. Ya sayi na'urar ji a ɓoye, kuma gawa ba ta sa na'ura, sai ya cire ta ya bar ta a mota.

Ya damƙe hannuna. "Kar ki faɗa musu. In suka sani, ba mai sake kirana."

Na ɗaga kai, duk sun yi cirko-cirko suna jira. Na ce, "Tsokanata yake yi, tsohon banza."

Suka kwashe da dariya. Darakta ta dubi sama ta ce haske ya canza, a sake ɗauka. Na koma bayan kyamara da bargona, ina kallon ƙirjinsa da ba ya motsi.