Raken da Ya Hana Gwaggo Asabe Fadamarta

Bana shekara talatin ke nan da rasuwar yayana, Malam Haruna, wanda ya yi alƙalanci a Ikara zamanin Turawa. Duk shekara mukan taru mu yi masa addu'a, kowa ya kawo labarin adalcinsa. Ni kaɗai nake yin gum, domin nawa labarin kunya ce ke hana ni faɗarsa cikin taro.

A lokacin ina dagacin wani ƙauye wajen iyakar Makarfi. Wata tsohuwa, Gwaggo Asabe, ta kai ƙarar surukina kan fadamar da mijinta ya mutu ya bari. Yaya ya saurari shaidu, ya ce fadama tata ce, ya aiko mini da takarda in damƙa mata. Na karɓa hannu bibbiyu, na tura ƙarƙashin tabarma.

A al'adarmu ba a karɓe gona da amfani a tsaye, sai mai shuka ya cire abinsa. To raken surukina ne a fadamar. Ni da bakina na koya wa surukina dabara: kada ya sare shi gaba ɗaya. In ya sare gabas ya dasa sabo, sannan ya koma yamma. Haka fadamar nan ba ta taɓa zama fili ba. Duk sanda tsohuwar ta zo zaurena sai in ce, "Gwaggo, a ƙara haƙuri a cire rake." Ta ce, "To, ranka ya daɗe," ta dogara sandarta ta fita. Shekara uku ina yi mata haka, har ina jin kaina mai wayo.

Da ta gaji ta taka da ƙafa har Ikara. Yaya ya aiko mini da sammaci. Ina shiga kotu na nufi tabarmar manya, ya nuna mini ƙasa, inda masu laifi ke zama.

"Dagaci, me ya hana ka bin umarnin kotu?"

"Allah ya gafarta Malam, al'ada ce, rake bai..."

"Shekara nawa rake yake yi kafin ya nuna?"

Na sunkuyar da kai. Ya ba ni kwana bakwai, ko in miƙa fadama ko ya tsare ni. Maimakon haka na garzaya wajen manya da kukan wai alƙali zai tozarta sarauta. Ba a yi wata biyu ba aka ɗauke shi zuwa wata kotu mai nisa, magana ta bi ruwa. Ɗan'uwana uwa ɗaya uba ɗaya na yi wa wannan.

Yanzu kullum rediyo na kawo labarin manyan ma'aikata da kotu ta ba umarni suka yi kunnen uwar shegu. A majalisarmu kowa ya yi ta tsine musu. Da Yaya na raye ba na jin zai yi mamaki, domin a gida ya fara ganin irinsu. Su kam lauya ne ke ja musu lokaci, ni rake ya ja mini.

Bayan Yaya ya ajiye aiki ya dawo gida, bai taɓa tayar mini da zancen ba. Sai a ciwon ajalinsa ya riƙe hannuna ya ce, "Audu, an ba matar nan fadamarta?" Lokacin Gwaggo Asabe ta shekara biyu a kabari, ba ta taɓa shan ko gaɓa ɗaya ta raken ba. Na ce, "An ba ta, Yaya." Ya ce, "Alhamdu lillahi," fuskarsa ta washe.

Bai bar shanu ba, bai bar gidan bene ba. Abin da ya bari shi ne har yau a ƙasar Ikara ana tuna alƙalin da ya zaunar da ƙanensa a ƙasa saboda tsohuwar da ba ta da kowa. Ni kuwa na haura tamanin, ina jiran sammacin Alƙalin da ba wanda zai iya ɗauke Shi daga kujerarSa, kuma na san Yaya da Gwaggo Asabe duk sun riga ni isa wurin.