Ranar da na shiga tsakanin dawakai biyu

Assalamu alaikum 'yan uwa. Wata biyar ke nan ba ku ji ɗuriyata ba. Masu kira da masu turo saƙo, ku yafe ni. Sai da na haura arba'in na koyi haɗa baƙi, kuma da yatsa ɗaya nake danna wayar nan.

Karaya na samu a ƙugu. Doki ne ya buge ni, a nan garin Greensboro. Na san za ku ce ina ni ina doki.

Ɗana na fari direban babbar mota ne. Ba na faɗin sunansa, Yaya muke ce masa a gida. A wurin aiki ya yi aboki, Bakit, mutumin Kirgizistan. Su a ƙasarsu a kan doki ake kokawa. Mutum biyu, kowa bisa dokinsa, ba riga, sai ɗamara. A kama hannu, a kama ɗamara, wanda aka raba da sirdi ya taɓa ƙasa shi aka kayar. Duk Lahadi suna haɗuwa a wata gona a Pleasant Garden, can bayan gari.

Ni dai Yaya ce mini ya yi hawan doki yake koyo. Wata Lahadi ya kai ni in gani.

Ina tsaye bayan shinge sai na ga dawakai sun haɗa ƙirji. Wani ƙato ya cafki ɗamarar ɗana yana fizga, ɗana ya karkace, kansa ya nufi ƙasa. Mu a unguwarmu in maza suka kaure, tsohuwa ce ke shiga tsakani, ba mai ɗaga mata hannu. Na sunkuya ta ƙarƙashin shinge na ruga, ina kiran sunansa na yanka a gaban mutane.

Doki bai san tsohuwa ba.

"Mama, it's a game! Wasa ne!" Abin da na ji Yaya na faɗa ke nan ina kwance a ƙasa.

Suka ce asibiti, na ce targaɗe ne. Kunya nake ji, ga tsoron kuɗin asibiti, ga takardun cikewa da ba na gane rabinsu. Yaya ya goya ni ya hau da ni benen gidanmu.

Kwana huɗu ina gasa wurin da ruwan zafi. A na huɗun maƙwabciyata ta ce bari ta ja mini ƙafar ta koma. Ta ja. Na ji ƙas. Ƙafar ta juya waje, ta fi ɗayar gajarta.

'Yata Hauwa ce ta kira motar asibiti. Aka ɗauki hoton ƙashi, aka ɗebi jini, aka auna zuciya. Likita ya ce da farko tsagewa ce kawai, jan ne ya raba ƙashin. "Wa ya ja ƙafar nan?" Ban faɗa ba. Washegari aka yi tiyata, aka sa ƙarfe.

Tiyatar ba ita ce wahalar ba. Gidanmu a saman bene yake, kusa da titin Gate City Boulevard, matakala goma sha huɗu. Aka hau da ni, ban sake sauka da ƙafata ba wata huɗu. Duk ranar ganin likita goyo ne.

Salla a zaune. Wanka sai Hauwa ta riƙe ni. Taga ɗaya gare ni, tana kallon wurin sayar da motoci. Har na san wadda aka sayar da wadda ta kwana.

Matar da ke zuwa motsa mini jiki ta ce ƙashi ya haɗe, tsoro ne ya rage. Gaskiyarta. In na zo bakin matakala na leƙa ƙasa, sai in koma ɗaki.

"Mama, a ɗakin nan za ki ƙare?" in ji Hauwa. Na ce wataƙila.

Yaya ya daina zuwa gonar. Ya daina dariya ma. Sai ya ajiye mini abinci ya fita, ba ya haɗa ido da ni.

Wata Asabar da rana Bakit ya zo da romon ƙashin rago, matarsa ta dafa. Ashe shi ne ƙaton nan. Apa yake ce mini, wato uwa. Ya tarar da ni ina matse matashi tsakanin gwiwoyi kamar yadda aka koya mini, ya fashe da dariya. Yaya na fassara mini: wai su ma da cinya ake riƙe doki, na kusa shiga fili.

Na ce Allah ya kiyaye.

Bakit ya ce mai kallon ƙasa shi ake kayarwa. Ya sa Yaya ya tsaya matakala ɗaya a ƙasa da ni, ya juya mini baya.

"Apa, kama ɗamararsa, yadda na kama rannan. Na gwada shi, ba ya faɗuwa da sauƙi."

Na kama bel ɗin ɗana da hannu ɗaya, ɗayan a jikin ƙarfen bene. Na kafa ido a ƙeyarsa. Ɗaya. Biyu. A ta bakwai na ce a mayar da ni.

"Mama, saura bakwai ko sama ko ƙasa. Ki zaɓa," in ji Yaya.

Na zaɓi ƙasa. Da na taka kwalta, sai na ji bayansa na rawa. Kuka yake.

Alhamdulillahi. Na gode wa Allah, na gode wa Hauwa da ta yi ta ɗawainiya, da Bakit da matarsa, da maƙwabciyata, don taimako ta yi nufi.

'Yan uwa, in babba ya faɗi ya kasa taka ƙafa, kar a gasa, kar a ja, a kai shi a yi hoto ranar. In takarda ta fi ƙarfinku, ku nemi tafinta, ba abin kunya ba ne. Kuma ku tambayi 'ya'yanku abin da suke yi kafin ku je kallo.

Na ce wa Yaya ya koma kokawarsa. Lahadin da ta wuce na je da sandata. Bakit ya sake cafkar ɗamarar, ni kuma na riƙe shinge da hannu biyu, ban sake shi ba har aka tashi.