Tsakuwar Bakin Inna

A Gidan Harsuna Babban Masani ake ce masa, ana miƙewa in ya shigo. A unguwa kuwa Sha-Yawu ne sunansa, kuma matarsa ba ta taɓa fita ta yi faɗa da kowa a kan sunan ba, don ta fi kowa sanin dalili.

A garin nan ba a koyon harshe da karatu. Akwai wata farar tsakuwa, sumul, da ake tsintowa a bakin rafi. Mai harshe ya jefa ta a baki ya yini da ita, sai ta zuƙe maganarsa kaf, har zagi da waƙar raino. Masani ya karɓe ta da ɗuminta, da yawu da komai, ya yi ta tsotsa har ta narke. In aka wanke, harshen ya bi ruwa. Wanda ya bayar kuwa shi da harshensa har abada, ko jin sa ba zai ƙara yi ba. Shi ya sa doka ta ce sai mutum ya kai gargara ake sa masa tsakuwa.

Sha-Yawu ɗan mai aski ne. Tun yana yaro ba ya ƙyanƙyamin komai, shi ake kira in ɓera ya mutu a bayan akwati. Da Gidan Harsuna suka zo neman ɗalibai, ba ƙwaƙwalwa suka fara dubawa ba, ƙarfin ciki suka duba, ya ci jarrabawa ba wahala. Lokacin da matarsa ta aure shi haƙoransa farare ne tas. Ba wanda ya gaya mata kowane harshe yana tafiya da haƙori guda, ya bar shi baƙi ƙirin.

Haka ya yi ta bin gadajen marasa lafiya kamar ungulu. Harshen mahaƙa dutse ya samo shi a bakin wani tsoho mai tarin jini. Na mutanen ƙarƙashin tafki, masu magana da kumfa, ya sa bakinsa ƙarnin ruɓaɓɓen kifi har daminar ta wuce. Matar ta ware masa kofinsa ta rataye a ƙusa bayan ƙofa, tana dafa hankicinsa a wata tsohuwar tukunya. In zai yi mata magana sai ta sami abin dubawa ta taga. Shi ko a jikinsa. Kukansa ɗaya ne, wai harshen mai gargara ragagge ne, rabi nishi rabi salati, shi dai Allah ya nuna masa cikakke kafin ya mutu.

Ana nan sai Inna, uwar matar, ta dawo gidansu da zama. Ita kaɗai ta rage a duniya mai harshen mutanen fadama, kuma ba ta jin wani. Ga lafiya, ga surutu, tun safe take faɗa da kaji da tsintsiya da maƙwabta da ba su san me take cewa ba.

"Malam, na ga irin kallon da kake yi wa bakin Inna," in ji matar. "Wallahi ka fita harkarta."

"Haba, ke kuwa! Surukata ce fa. Amma ki duba, ke ji kawai kike, ba ki iya mayarwa. In ta faɗi ta mutu ba shiri fa?"

"Sai ta tafi da abinta. Nata ne."

Ita ta ɗauka ya ji. Ashe kura ce ta ga akuya a ɗaure.

Ranar da matar ta tafi jinyar ƙanwarta a ƙetaren gari, Inna na fama da ciwon haƙori. Ya nuna mata kumatu, ya nuna tsakuwa kamar magani ce, tsohuwa ta karɓa tana sa masa albarka. Da yamma matar ta dawo ta tarar da shi a kujera, ido a lumshe, yana tsotsa, yawu na bin gemu. Inna na zaune a bakin ƙofa. Ta ga 'yarta, ta buɗe baki, ba abin da ya fito sai iska. Ta sake gwadawa, sannan ta kai hannu ta taɓa harshenta. Matar ta juya ta yi amai a tsakar gida.

Ta kai ƙara Gidan Harsuna. Manya suka zauna, bakinsu duk iri ɗaya, suka ce ai tsufa ma gargara ce. Suka ba shi ofis mai taga biyu. Tir da wannan gida!

Ta daina yi masa magana, ko gaisuwa. Inna kuwa tafi take yi in tana son ruwa, kaji suna yawo a kan tabarmarta ba mai tsawata musu. Gidan ya yi tsit, shirun nan yana cin matar fiye da warin.

Wata safiya tana shara sai ta ji ana mita daga ɗakinsa. Takalmi yake nema, yana tsine wa wanda ya ɗauke, da harshen fadama, da irin jan muryar Inna sak. Ta tsaya da tsintsiya a hannu, hawaye na zuba. Ta tsane shi, ta kuma tsani ƙafafunta da suka kai ta ƙofar.

Ta toshe hanci da gefen mayafi, ta zauna a bakin gadonsa.

"Sake faɗa," ta ce.

Ya washe baƙaƙen haƙoransa don jin daɗi. Ta runtse ido kada ta gani. Da ya fara magana muryar ta yi ƙasa, dole ta matso kusa.